Darasi na 9: Gasa Kifin Salmon da Haɗin Zuma

Salmon kifi ne na ruwan sanyi. Ana kama shi a arewacin Tekun Fasifik, musamman a jihar Alaska ta Amurka, ana kuma kiwonsa cikin manyan keji a teku a ƙasashe irin su Norwe da Chile da Sikotland. Namansa ruwan goro ne, yana da maiƙo sosai, kuma wannan maiƙon ne ya sa ya dace da gashi, domin ba ya saurin bushewa kamar farin kifi. Na kiwo ya fi na teku, wato wanda ake kamawa, kitse. Saboda haka na teku ya fi saurin nuna, ya fi kuma saurin bushewa idan aka yi sakaci da shi.

Abu ɗaya muke so ku riƙe tun daga farko. Zuma da sukari suna ƙonewa tun kafin kifi ya nuna. Wanda ya shafa zuma a kan ɗanyen kifi ya ɗora a wuta, zai sauke shi baƙi ƙirin a waje, ɗanye a ciki, ga ɗaci. A minti uku na ƙarshe ake shafa haɗin zaƙi. Duk sauran darasin a kan wannan ya tsaya.

Kayan da ake buƙata

Don mutum 4, a nemi yanka 4 na salmon da fatarsa, kowane yanka kamar giram 170, kaurinsa santimita 2 da rabi, wato kusan faɗin babban yatsa. A yi ƙoƙari su zo kauri ɗaya don su nuna tare. Sai zuma babban cokali 4, soya sos babban cokali 2, ruwan lemun tsami babban cokali 1, tafarnuwa ƙwaya 2, ɗanyar citta da aka goge ƙaramin cokali 1, garin barkono kwatan ƙaramin cokali, man girki babban cokali 2, da gishiri. Soya sos shi ne baƙin ruwan nan mai gishiri da ake yi da waken suya. Idan babu shi, a sa rabin ƙaramin cokali na gishiri da ruwa babban cokali 2 a madadinsa.

Kifi mai kyau ba ya tashin ƙarni mai ƙarfi. Idan aka danna namansa da yatsa, gurbin zai ciko nan take. Wanda gurbin yatsa ya zauna a jikinsa, ko yake yauƙi, a bar shi.

Shirya kifin

Idan daskararre ne, a sauko da shi daga firiza zuwa firij ya kwana. In ana sauri, a ƙulle shi a leda a tsoma cikin ruwan sanyi kamar awa ɗaya. Kada a sa ruwan zafi, kada kuma a bar shi a fili ya narke da kansa, domin samansa zai ɗumama ƙwayoyin cuta su samu wurin hayayyafa alhali cikinsa ƙanƙara ne.

Ku shafa yatsa a kan naman daga wajen kai zuwa wajen wutsiya. Za ku ji tsinin wasu siraran ƙayoyi sun yi layi. Ku kama kowace da hantsaki ku zare ta ta inda ta karkata, kada naman ya yage. Fatar kuwa a bar ta. Ita ce garkuwa tsakanin naman da wuta, ita ce kuma ke riƙe yankan kada ya wargaje. Wanda ba ya cin fata ya cire ta a faranti.

Sai a narkar da gishiri babban cokali 4 cikin ruwan sanyi lita 1, a jiƙa kifin minti 15, a tsame. Wannan jiƙon yana sa gishiri ya ratsa naman, yana kuma rage farin abin nan da ke tsattsafowa lokacin gashi. Bayan jiƙon ba a ƙara gishiri. A tsane kifin da tsumma mai tsabta ko takardar goge hannu har ya bushe sarai, sannan a shafe shi da mai ciki da baya. Kifi mai danshi turarawa yake yi maimakon ya gasu, kuma shi ne ke manne wa wayar gashi.

Dafa haɗin zuma

A zuba zuma da soya sos da lemun tsami da dakakkiyar tafarnuwa da citta da barkono cikin ƙaramar tukunya. A ɗora a wuta ƙasa-ƙasa, ana juyawa, minti 3 zuwa 4. Ga yadda ake gane ya yi: a tsoma cokali a ɗago, a ja yatsa a bayansa bayan ya ɗan huce. Idan hanyar da yatsa ya bi ta tsaya ba ta rufe ba, kaurin ya isa. A sauke tun yana ɗan zuba, domin yana ƙara kauri idan ya huce. Idan ya zarce ya koma danƙo, ruwan ɗumi cokali ɗaya zai saki jikinsa.

Masu koyon karatu su lura da kalmomi biyu a nan: kauri da ƙauri. Lanƙwasar da ke kan harafin farko ce kaɗai ta raba su. Kauri muke nema a tukunyar nan. Idan kuka ji ƙauri, to ya ƙone, sai sake sabo.

A raba haɗin gida biyu. Kashi ɗaya na shafawa a kan wuta, ɗayan a ajiye shi gefe don zubawa lokacin ci. Burushi ko cokalin da ya taɓa kifin da bai gama nuna ba kada ya shiga kashi na biyu.

Wasu suna jiƙa kifi cikin irin wannan haɗin na awanni. Ba mu ba da wannan shawarar ba. Tsamin lemo yana fara canza naman idan aka wuce rabin awa, samansa ya yi fari ya lalace, ga kuma zumar da za ta ƙone da zarar ta taɓa wuta.

Wuta da waya

A hura gawayi a waje, inda iska ke kaɗawa. Ba a gashi da gawayi a rufaffen ɗaki ko da taga a buɗe take, domin yana fitar da wata iskar guba marar launi marar wari, kuma tana kisa. A jira harshen wuta ya mutu, garwashi ya yi ja, farar toka ta lulluɓe shi. Sannan a tura yawancin garwashin gefe ɗaya, a bar ɗaya gefen da kaɗan. Yanzu kuna da wuri mai zafi da wurin gudun hijira idan wuta ta tashi. Mai murhun gas ya ƙara wuta a gefe ɗaya ya rage a ɗayan.

Zafin da ake so digiri 200 zuwa 230 ne a ma'aunin Salshiyos. Idan babu ma'auni, a riƙe tafin hannu kamar santimita 12 sama da waya a yi ƙidaya a hankali. Idan a 4 ko 5 aka janye hannu, ya yi daidai. Idan ba a kai 3 ba, wutar ta yi yawa.

Wayar gashi ta yi zafi minti 10, a kankare tsohon dattin da ke jikinta, a ninke tsumma a tsoma a mai, a riƙe da abin kamawa a goge ta sau biyu ko uku. Mutane da yawa suna tsallake wannan, sannan su yi mamakin yadda rabin kifinsu ya tsaya a jikin waya.

Gashin kansa

Idan abin gashinku yana da murfi, aikin ya zo da sauƙi. A ɗora kifin fata na ƙasa, a rufe, a bar shi minti 6 ba tare da taɓawa ba. A buɗe, a matsar da shi gefen da wuta ba ta da ƙarfi, a shafa haɗin zuma a saman naman, a rufe minti 1 da rabi. A sake shafawa, a rufe minti 1 da rabi. Ba a juya shi sam.

Idan babu murfi, a fara da ɓangaren nama a ƙasa, ba zuma, minti 3 zuwa 4. A cusa faffaɗan cokalin juyi a hankali. Idan kifin ya ƙi ɗaguwa, kada a yi masa dole. A ƙara masa rabin minti, zai saki waya da kansa da zarar fuskarsa ta gasu. A juya fata ta koma ƙasa, a bar shi minti 2, sannan a shafa haɗin sau biyu kamar yadda muka faɗa. Juyi ɗaya ne tak.

Ku sa ido a gefen yankan. Za ku ga launin yana hawa daga ƙasa zuwa sama, ɗanyen ruwan goro mai sheƙi yana komawa fari-fari. Zumar za ta yi ɗan kumfa tana tafasa, gefe-gefe ya yi duhu kaɗan, saman yana ƙyalli. Idan maiƙo ya ɗiga wuta ta tashi, a janye kifin gefe, kada a watsa ruwa, toka za ta tashi ta ɓata shi.

Hukumomin kula da abinci na Amurka sun sa digiri 63 a matsayin zafin da tsakiyar kifi za ta kai ya zama babu haɗari. A soka ma'auni ta gefe zuwa inda ya fi kauri. Kifi yana ci gaba da nuna bayan an sauke shi, don haka a sauke a wajen digiri 60, a bar shi ya huta minti 3, zai ƙarasa. Marar ma'auni ya soka cokali mai yatsu a tsakiya ya ɗan murɗa. Idan naman ya rabu salo-salo, cikinsa da danshi amma ba ya sheƙin ɗanye, ya nuna. Mai juna biyu da tsofaffi da yara ƙanana a tabbatar nasu ya nuna sosai. Jaririn da bai cika shekara 1 ba kuwa ba a ba shi zuma, dafaffiya ko ɗanya.

Farin abu kamar dafaffen ƙwai da ke fitowa a jikin kifin ba cuta ba ne, ana cinsa. Sinadarin gina jiki ne da zafi ya matso daga cikin naman. Amma idan ya yi yawa, yana gaya muku wuta ta yi ƙarfi ko an daɗe ba a sauke ba, kuma irin wannan kifin ne ke zama kamar auduga a baki. Minti biyu kacal sun isa su kai shi can, shi ya sa ba a barin wurin gashi da zarar an shafa zuma.

A zuba haɗin da aka ajiye a kai lokacin ci, a matsa ɗan lemun tsami don ya yanke zaƙin. Abin da ya rage a rufe a sa a firij kafin awa 2, a cinye cikin kwana 3.

Aikin aji: idan za ku gasa wa mutum 6, zuma babban cokali nawa za ku auna, soya sos kuma nawa? Idan kaurin yankan santimita 4 ne, me za ku ƙara wa lokaci, gashin farko ko na bayan shafa zuma? Ku rubuta amsa da dalilinku cikin jimla biyu.