Yadda ake kula da majinyacin da ke kan na'urar numfashi

Na'urar numfashi, wadda ma'aikatan asibiti suka fi kira bentileta, ba ta warkar da cutar da ta kwantar da mutum. Aikinta shi ne ta ɗauke wa majinyaci wahalar jan numfashi har zuwa lokacin da magani zai ci ƙarfin cutar, kuma a tsawon wannan jira ita kanta tana iya lahanta huhun da aka kawo ta domin ta ceta, idan aka saita ta da ganganci ko aka bar mutum a kanta fiye da kima. Wannan bayani an yi shi ne domin ma'aikatan jinya da ƙananan likitocin da aka turo sashen kulawa ta musamman, kuma manya kawai ya shafa, domin ƙa'idojin yara da jarirai daban suke. Hukunci a kan kowane majinyaci yana hannun babban likitan da ke kula da shi.

Ana ɗora mutum a kan na'urar idan oksijin ɗin jininsa ya ƙi hawa duk da wanda ake ba shi ta takunkumin fuska, ko ya gaji da numfashi har iskar kabon dayoksaid ta fara taruwa a jininsa, ko kuma hankalinsa ya gushe ta yadda ba zai iya kare hanyar iskarsa daga amai da yawu ba, wanda yawanci yakan kasance idan makinsa a ma'aunin Glasgow, wanda ake auna zurfin suma da shi, ya sauka zuwa 8 ko ƙasa. A asibitocinmu waɗanda aka fi gani su ne masu rauni a ka daga haɗarin mota ko babur, da mata masu jijjigar ciki, da masu tetanas, da waɗanda suka sha maganin ƙwari, da masu nimoniya mai tsanani. Tun a wannan mataki ya kamata a zauna da dangi a gaya musu gaskiya: ɗan'uwansu ba zai iya magana ba saboda bututun da ke bakinsa, za a sa shi barci da magani, kuma zaman yana iya ɗaukar kwanaki ko makonni.

Kafin majinyaci ya iso, a kunna na'urar, a bar ta ta gama gwajin kanta, a haɗa ta da jakar gwaji a tabbatar iska ba ta zurarewa ta wani wuri. A wurin da wuta ke ɗaukewa ba sallama, wajibi ne a san ko batirin na'urar a cike yake, a kuma san wanda ke kula da janareta a wannan daren da yadda za a same shi. Oksijin ma lissafi yake so. Ƙaramar tukunya mai lita 680, idan ana jan lita 10 a minti, da kaɗan za ta wuce awa ɗaya, saboda haka wanda ya dogara da ita ba tare da wata a ajiye ba ya jefa ran majinyaci cikin haɗari. Injin zuƙe majina da jakar Ambu, wato jakar da ake matsawa da hannu a tura wa majinyaci iska, mai haɗe da oksijin, su kasance a kan gadon, inda hannu zai kai gare su ko cikin duhu.

Da zarar an sa bututu a maƙogwaro, abu na farko shi ne a tabbatar hanyar iska ya bi, bai kauce zuwa hanyar abinci ba. Hujja mafi ƙarfi ita ce na'urar da ke auna kabon dayoksaid a iskar da ke fita ta nuna shi a numfashi da dama a jere. Sannan a saurari ƙirji ta ƙarƙashin hammata biyu, domin idan bututun ya zarce, yawanci reshen dama yake shigewa, huhun hagu kuma ya zauna babu iska. A duba lambar da ke jikin bututun daidai haƙora, wadda galibi takan kasance kusan santimita 21 ga mace da 23 ga namiji, a rubuta ta a takardar majinyaci domin mai karɓar aiki ya gane idan bututun ya motsa, sannan a ɗauki hoton ƙirji. Ƴar balan-balan da ke ƙarshen bututun a hura ta zuwa matsin santimita 20 zuwa 30 na ruwa. Idan ya gaza haka yawu mai ƙwayoyin cuta zai sulale zuwa huhu, idan ya wuce kuma zai danne jinin bangon maƙogwaro ya yi masa rauni.

Saitin da ya fi kowane muhimmanci shi ne yawan iskar da na'ura ke turawa a kowane numfashi, kuma a nan ne aka fi yin kuskure, domin mutane sukan duba ƙibar majinyaci su yi kintace. Girman huhu tsawon mutum yake bi, ƙiba ba ta ƙara masa komai. Don haka a ɗauko awon tela a auna tsawonsa yana kwance, a cire 152.4 daga santimitocin, a ninka abin da ya rage da 0.91, sannan a ƙara 50 ga namiji ko 45.5 ga mace. Wannan shi ne nauyin da za a yi lissafi da shi, ana ba da mililita 6 zuwa 8 ga kowane kilo. Namiji mai tsawon santimita 170 nauyin lissafinsa kilo 66 ne ko da sikeli ya nuna 110, wato kusan mililita 400 idan an bi 6. Mace mai santimita 160 kuwa kusan 315 ne rabonta, kuma mata gajeru su suka fi cutuwa idan aka bar na'ura a kan 500 da aka saita wa wanda ya riga su kwanciya a gadon.

Wannan ƙa'ida tana da tushe. A 2000 aka wallafa wani babban bincike da aka yi a Amurka a kan majinyata 861 masu mummunan kumburin huhu da ake kira ARDS, inda aka kwatanta mililita 6 da mililita 12 ga kowane kilo. A rukunin da aka ba iska mai yawa kusan kashi 40 cikin 100 suka rasu, a ɗaya rukunin kuma kashi 31. Dalili shi ne a irin wannan ciwo babban ɓangaren huhu ya cika da ruwa ya rufe, ɗan abin da ya rage a buɗe shi ke karɓar duk iskar, tamkar a juye ruwan randa a cikin tulu. Shi ya sa ake tsayar da numfashi na kamar rabin daƙiƙa bayan iska ta gama shiga, a karanta matsin da ya tsaya a kai, wanda bai kamata ya haura santimita 30 na ruwa ba. In ya haura, a rage iskar, a ƙara yawan numfashi a minti, wanda akan fara da 14 zuwa 20 kuma yana iya kaiwa 35. Ana iya haƙura kabon dayoksaid ya ɗan hau muddin awon pH na jini, wanda ke sauka idan jini ya yi tsami, bai faɗi ƙasa da 7.2 ba, amma ban da mai rauni a ka, domin hawan kabon dayoksaid yana ƙara matsi a cikin ƙoƙon kai.

Oksijin akan fara shi da kashi 100, amma kada a manta da shi a nan, domin yawansa ma yana cutar da huhu. A riƙa ragewa har ma'aunin oksijin ɗin jini da ake maƙalawa a yatsa ya tsaya tsakanin 92 da 96, ko 88 zuwa 92 ga mai daɗaɗɗiyar cutar toshewar huhu. Matsin da ake bari a huhu bayan fitar numfashi, wato PEEP, akan fara shi da 5, a ƙara idan buƙatar oksijin ta yi yawa. Bayan minti 20 zuwa 30 a ɗebi jini a auna iskarsa. A sa ido a kan matsin jini a mintocin farko, domin maganin barci da matsin iska a ƙirji sukan haɗu su faɗar da shi, musamman ga wanda ya iso da ƙarancin ruwa a jiki. Mai asma yana buƙatar kula ta daban: iska tana shiga amma fita take yi da ƙyar, saboda haka a rage masa yawan numfashi a ba shi dogon lokacin fitarwa, kuma idan jininsa ya faɗi farat ɗaya, a cire shi daga na'urar na ƴan daƙiƙu domin iskar da ta taru ta fice.

Idan ƙararrawa ta kaɗa, majinyaci ake fara dubawa kafin allo. Ƙirjinsa yana ɗagawa? Lambar yatsa tana sauka? In abin ya rikice kuma ba a gano dalili nan take ba, a cire na'urar a koma matsa jakar Ambu da oksijin. An daɗe ana yin wannan aiki da hannu, domin a annobar shan inna da ta auka wa birnin Kopenhagen a 1952, bisa shawarar likita Bjorn Ibsen, ɗaliban likitanci ne suka riƙa matsa jakar roba dare da rana suna karɓar juna, kuma har yau hannu ne ke raba gardama. Idan majinyaci ya farfaɗo a kan jaka, laifin na na'ura ne ko robobinta. Idan jakar ta yi tauri, ko dai majina ta toshe bututun, ko ya lanƙwashe, ko majinyaci ya cije shi, ko kuma huhu ya huje iska ta taru a ƙirji, wanda alamarsa ita ce gefe ɗaya ya yi shiru, jini ya faɗi, kuma ba ya jiran hoto kafin a huda a saki iskar. Ƙararrawar ƙarancin matsi kuwa galibi wata roba ce ta zame ko bututun ya fito. Kashe ƙararrawa don ta dami mutane, ba tare da an gano abin da ya tashe ta ba, ɗabi'a ce da bai kamata wani shugaban sashe ya lamunta ba.

Sauran aikin na yau da kullum ne, kuma a hannun ma'aikatan jinya yake. A ɗaga kan gado zuwa digiri 30 zuwa 45, a wanke baki da haƙora sau da yawa a rana, a wanke hannu kafin taɓa bututu da bayansa, domin nimoniyar da ake kamuwa da ita a kan na'ura daga bakin majinyaci da hannun ma'aikata take zuwa. Majina a zuƙe ta idan an ji ta ko an gan ta, bayan an ƙara oksijin, kuma kada zuƙa ɗaya ta wuce daƙiƙa 15. Ruwan da ya taru a cikin robobi a zubar da shi waje, kada a ɗaga su ya gangara cikin majinyaci. A juya shi duk bayan awa biyu saboda gyambon kwanciya, a rufe idanunsa kada su bushe, a fara ba shi abinci ta robar hanci cikin kwana biyun farko idan hanjinsa na aiki. Ga mai ARDS mai tsanani, binciken da aka wallafa a 2013 daga Faransa da Sifaniya ya nuna kwantar da shi rub da ciki na awa 16 ko fiye a rana ya rage mutuwa daga kusan kashi 33 zuwa 16 cikin 100. Abu ne da ba ya cin kuɗi, amma yana buƙatar mutum huɗu ko biyar, ɗaya daga cikinsu ba shi da wani aiki sai riƙe kai da bututu.

A riƙa yi masa magana da sunansa, a gaya masa ranar da ake ciki da abin da za a yi masa kafin a taɓa shi, domin da yawa suna ji ko da idanunsu a rufe suke. Idan yana fafutuka da na'ura, a fara neman zafin ciwo ko cikar mafitsara ko saitin da bai dace da shi ba kafin a ƙara maganin barci, tun da yawan maganin yana tsawaita zama a kan na'ura, yana kuma kawo ruɗewa.

Kowace safiya a tambaya ko lokacin sauke shi ya yi. Idan cutar ta fara sauƙi, oksijin da yake buƙata bai wuce kashi 40 ba, PEEP bai wuce 8 ba, jininsa kuma ya daidaita, sai a dakatar da maganin barci a bar shi ya yi numfashi da kansa da ɗan ƙaramin tallafi na minti 30 zuwa awa biyu. Wanda numfashinsa ya haura 35 a minti, ya jiƙe da gumi, zuciyarsa ta riƙa gudu, a mayar da shi ya huta a sake gwadawa gobe. Wanda ya jure, yana farke, yana bin umarni, yana da tari mai ƙarfi, a zuƙe bakinsa da bututun, a saki balan-balan, a zare. Kayan sake sa bututu su zauna kusa da gadon, domin wasu sukan koma cikin kwana biyun farko, kuma kada a ba shi ruwa ko abinci ta baki sai an gwada haɗiyarsa. Wanda kuwa aka ga zai kai mako biyu bai sauka ba, likitoci su tattauna da danginsa a kan huda maƙogwaro ta wuya, wadda ke rage buƙatar maganin barci kuma take sauƙaƙa zuƙe majina da yaye shi daga na'urar a hankali.