Babi na Bakwai: Kyanwa, Kanwa da Ƙanwa

Darasi na 1

Ki zauna da kyau, ki buɗe littafinki a shafin da ba a rubuta komai ba. Ki riƙe fensir kusa da tsininsa. Daga hagu za mu fara, mu nufi dama. Na san hannunki ya saba da allo, inda ake farowa daga dama, to boko ba haka yake ba. Hagu zuwa dama.

Kalmarmu ta yau ita ce kyanwa, wadda wasu ke kira mage. Ga dalilin da ya sa na zaɓe ta. A ajinmu na Gwale akwai wata ɗaliba, shekararta shida da aure Allah bai ba ta haihuwa ba. Tana da baƙar kyanwa da ke kwana a bakin ƙofar ɗakinta. Uwar miji ta ce kyanwar ce ta tokare haihuwa, maƙwabta suka ce baƙar kyanwa aljana ce, facaloli kuma in ta wuce sai su ce ga uwar mage nan. Da abin ya ishe ta, sai ta ce in rubuta wa yayanta da ke Fagge takarda ya zo ya tafi da dabbar. Na ce wallahi da hannunki za ki rubuta. Ta rubuta: Yaya, ka zo yau ka ɗauki ƙanwa. Bawan Allah ya rufe shagonsa a Kantin Kwari, ya hau adaidaita sahu hankali a tashe, ya ɗauka an sake ta ne.

Harafi ɗaya ya jawo wannan. Saboda haka ki duba nan:

kyanwa
kanwa
ƙanwa

Ta farko dabba ce mai kama ɓera. Ta biyu ita ce uwar gami, wadda kike sa wa miyar kuka da ɗanwake. Ta uku wadda kika girma ce a ɗakinku.

Yanzu ki rubuta k. Sanda doguwa a tsaye, sai ƙafafu biyu a gefen dama. Kada ki lanƙwasa kan sandar. In kin lanƙwasa, ta zama ƙ, kin kira ƙanwarki. Kin rubuta? Madalla. To tsaya, kada ki yi gaggawar sa a. Bayan k sai y. Y tana da wutsiya da ke sauka ƙasan layi, kamar kyanwa zaune a kan katanga ta sako jela. Ki tuna da haka: babu jela, babu kyanwa.

Ki rubuta ky sau goma. Ki faɗa da baki kowane karo: kya, kya, kya. Kada ki ji kunya, duk wanda kika ga yana karanta jarida ta nan ya bi. Sai ki ƙara a, n, w, a. Ƙirga haruffan da yatsa. In shida ne, kin yi daidai. In biyar ne, kin yar da y, ki goge ki sake.

Sake ƙirgawa. Na ce ki sake, don na san ku. Shekara nawa ina wannan aiki, kullum sai a ce mini Malama na gane, in na karɓi littafi sai in tarar da kanwa cike da shafi kamar a Kasuwar Kurmi. Ana darasi kuna hirar ankon biki, yaya y ba za ta gudu ba? K, sannan y. K, sannan y. Ki cika layi uku kafin ki juya shafi.

Darasi na 2

Ki karanta a hankali, yatsanki a ƙarƙashin kowace kalma:

Kyanwa ba najasa ba ce. Abu Huraira sahabi ne. Ma'anar laƙabinsa mai 'yar kyanwa. Wata mata ta shiga wuta don ta tsare kyanwa ba abinci har ta mutu.

Jimla ta ƙarshe hadisi ne da ke cikin Buhari da Muslim. Shi yayan nan ya karanta wa mutanen gidan a zaure, ya tafi ya bar kyanwar inda take. Surutu dai bai ƙare ba, amma ɗalibata ta kwafe jimlolin nan ta manna a bangon ɗakinta. Ke ma ki kwafe su. Kyanwa ta fito sau uku, ki ja layi a ƙarƙashin kowace y.

Darasi na 3

Lambobi. Cikin kyanwa kamar mako 9 ne, wajen kwana 63. Rubuta 63, shida kafin uku. In kin kai ta wurin likitan dabbobi allurar rigakafin haukan kare, ki rubuta ranar: rana, wata, shekara. Mai juna biyu kada ta kwashe kashin kyanwa, ta sa wani, kuma a wanke hannu da sabulu.

Darasi na 4

Rubuta kyanwa sau ashirin. Ki kawo littafin ranar Asabar.